GANI YA KORI JI: MATSAYIN FIM ƊIN HAƘIƘA WAJEN ILMANTAR DA JAMA'A GAME DA LAFIYA

(Matanin laccar da aka gabatar ga 'yan'uwa matasa da ma'aikatan lafiya)

Dukkan yabo da godiya sun tabbata ga Allah Maɗaukakin Sarki. Tsira da aminci su tabbata ga Manzonsa, da alayensa da sahabbansa baki ɗaya.

Bayan haka, ya 'yan'uwa masu girma, maudu'in da aka ɗora mini a yau shi ne irin rawar da fim ɗin haƙiƙa yake takawa wajen ilmantar da jama'a game da lafiyarsu. Abin da nake nufi da fim ɗin haƙiƙa shi ne wanda aka ɗauko mutane na gaske, a wurarensu na gaske, suna cikin halin da suke ciki, saɓanin wasan kwaikwayo wanda marubuci ya ƙago labarinsa. Larabawa suna kiran irin wannan fim da suna "wasa'iƙi", daga kalmar "wasiƙa", wadda a wurinsu take nufin takardar shaida. Daga wannan tushe ne kuma aka ciro kalmar "siƙa", wato amintaccen mutum wanda malaman ruwaya suke karɓar labarinsa. Ina roƙonku ku riƙe wannan dangantaka, domin a kanta laccar ta ginu: fim ɗin haƙiƙa shaida ne, shaida kuwa ana karɓarta gwargwadon amincin wanda ya kawo ta.

Kafin mu shiga, akwai tambayar da na san tana zukatan wasu, wato hukuncin hoto. Saɓanin malamai a kan wannan sananne ne. Tun farkon ƙarni na 20 Muftin Masar, Shaihu Muhammad Bakhit al-Muti'i, wanda ya rasu a 1935, ya rubuta risala yana bambanta tsakanin siffar da hannu ya zana ko ya sassaƙa da hoton na'ura, wanda ya ɗauke shi a matsayin tsare inuwa kawai. Malamai da yawa bayansa sun tafi a kan haka, wasu kuma sun tsananta amma sun yi rangwame inda akwai buƙata. Maganarmu a yau tana inda buƙatar ta fi ƙarfi, wato kare rai.

ASALIN MAJIGI A ƘASARMU

Dattawan da suke cikinmu sun san majigi. Mota ce take zuwa da injin wuta da farin ƙyalle, a kafa a ƙofar fada ko ƙofar gidan hakimi bayan faɗuwar rana, tafinta yana riƙe da lasifika yana bayani, jama'a su kalla kyauta. Da yawa suna tuna Baban Larai, wanda aka yi don koyar da noman auduga. Abin da ba kowa ya sani ba shi ne, ta ƙofar kiwon lafiya majigi ya shigo Nijeriya.

Daga 1924 annobar da ɓeraye suke yaɗawa ta hanyar ƙuma ta addabi birnin Ikko har tsawon shekaru. Wani Baturen duba-gari mai suna William Sellers ya fara amfani da hotuna masu motsi don nuna wa mutane alaƙar ɓera da wannan cuta, sa'an nan ya ɗora na'urar a mota yana zagayawa da ita. A 1939 gwamnatin Ingila ta kafa sashen yin fim don ƙasashen da take mallaka, ta ɗora shi a kai. Daga nan salon ya bazu zuwa wurare da dama na Afirka.

Sai dai an gina wannan aiki a kan raini. Ra'ayin Sellers shi ne baƙin mutum na ƙauye ba zai iya bin fim irin na Turawa ba, don haka sai a ja komai a hankali. Mafi yawan labaran kuma a kan mutum biyu suke, mai wayo da wawa. Mai wayo shi ne wanda ya bi umurnin Bature ya zauna lafiya, wawa kuwa shi ne wanda ya riƙe abin da ya gada, ya gamu da wahala. To, wane ne zai zauna a gaban ƙyalle a kira ubansa wawa, sa'an nan ya tashi da son abin da aka zo masa da shi?

Wani Bature mai suna John Wilson ya ba da labarin wani fim da aka nuna a wani ƙauye na Afirka, inda ma'aikacin tsafta yake bi yana zubar da ruwan da ya kwanta a gwangwanaye don hana sauro hayayyafa. Da aka gama aka tambayi mutane abin da suka gani, sai suka ce sun ga kaza. Masu fim ɗin ba su san da wata kaza ba, sai da suka koma suka bincika suka tarar lallai ta gilma a wata kusurwa na ɗan lokaci. Turawa sun daɗe suna kafa hujja da wannan labari cewa mutanenmu ba su iya kallon hoto ba. Amma mai adalci zai ga wani darasi dabam: idon mutanen ya fi na masu fim ɗin kaifi, kuma mai kallo yana zuwa ne da nasa tunani da nasa damuwa. Wanda bai zauna ya tambaye shi ba, ba zai san abin da ya ɗauka ya tafi da shi gida ba.

Haka nan a 1949 aka yi fim mai suna Daybreak in Udi a ƙasar Ibo, a kan yadda mutanen wani ƙauye suka gina ɗakin haihuwa da aikin gayya. A 1950 ya ci babbar lambar Oscar ta Amurka. Amma an shirya al'amuran ne aka maimaita su a gaban na'ura, jami'in mulkin yankin, E. R. Chadwick, shi ya fito a matsayin kansa, kuma abin da aka fi so a nuna wa duniya shi ne alherin mulkin mallaka. Daga nan muna koyon tambaya ta farko da ake yi wa kowane fim: don wa aka yi shi?

DARASIN SHAN INNA

Babu abin da ya fito da wannan magana fili kamar abin da ya faru a Arewa game da cutar shan inna. A 2003 jihohin Kano da Zamfara da Kaduna suka dakatar da ɗigon rigakafi saboda zargin an sa masa abin hana haihuwa. Kano ba ta koma ba sai a watan Yuli na 2004, bayan an yi gwaje-gwaje kuma an samo maganin daga ƙasar Indonesiya. A cikin wannan tsakani ƙwayar cutar ta fita daga Nijeriya ta shiga ƙasashe kimanin 20 waɗanda da sun rabu da ita. A 2006 yara fiye da 1,100 suka kamu a Nijeriya.

Shin jahilci ne kawai ya jawo wannan, kamar yadda wasu jaridun waje suka yi ta faɗa? Wanda ya san Kano ya san akwai tabo a zukata. A 1996, lokacin annobar sanƙarau, kamfanin Pfizer ya gwada wani sabon magani mai suna Trovan a cikin wani bincike da ya ƙunshi yara kimanin 200. Yara 11 sun rasu, wasu cikin waɗanda aka ba sabon maganin, wasu cikin waɗanda aka ba wanda ake kwatanta shi da shi. Iyaye sun ce ba a nemi yardarsu yadda ya kamata ba, kamfanin ya musanta laifi, daga bisani a 2009 aka yi sulhu da gwamnatin Kano a kan dala miliyan 75. Wani fim ɗin haƙiƙa da aka nuna a Ingila a 2003, mai suna Dying for Drugs, ya kawo muryar waɗannan iyaye ga duniya. Ku lura da kyau: na'urar da take iya kiran mutane zuwa ga magani, ita ce kuma take iya tona asirin wanda ya yi wasa da amanarsu, kuma ayyukan biyu duka hidima ce ga lafiyar jama'a.

Da aka zo gyara, ɗaya daga cikin hanyoyin da aka bi ita ce farfaɗo da majigi, da sunansa na da. An riƙa shiga ƙauyuka da dare ana nuna yadda ƙwayar cutar take bin ƙazanta ta shiga bakin yaro, ana nuna yaran da ƙafafunsu suka shanye da iyayensu suna magana da Hausa. Bambancinsa da na zamanin Turawa shi ne, an fara neman hakimai da dagatai da limamai da ungozomomi da wanzamai da masu shela, kuma bayan an kashe na'ura sai a buɗe fili kowa ya yi tambaya. Wani bincike da aka buga a 2012 a kan wannan aiki a ƙaramar hukumar Gezawa ta jihar Kano ya nuna cewa karɓar rigakafin ya ƙaru ƙwarai bayan nuna majigin.

Ba zan ce fim ne kaɗai ya yi aikin ba, domin faɗin haka zalunci ne ga dubban matan da suka bi gida-gida, wasunsu har suka rasa rayukansu. A 2009 kuma sarakunan Arewa ƙarƙashin jagorancin Sarkin Musulmi Muhammadu Sa'ad Abubakar suka kafa kwamiti suka shiga aikin da kansu. Yaran da suka kamu sun ragu daga 388 a 2009 zuwa 21 a 2010. An ga na ƙarshe da asalin ƙwayar ta kama a jihar Borno a 2016, kuma ranar 25 ga Agusta, 2020 aka tabbatar da cewa nahiyar Afirka ta rabu da ita. Abin da majigi ya yi a ciki shi ne ya sa uba ya ga ƙarshen abin da yake yanke hukunci a kansa, kuma ya gan shi a gaban mutanen da ya yarda da su.

ABIN DA HOTO YAKE IYAWA

Mece ce fa'idar hoto wadda wa'azin baki da takarda ba su da ita? Abu uku ne.

Na farko, yana bayyana sababin da ido ba ya gani. A 2010 likitocin ƙungiyar Médecins Sans Frontières suka gano yara suna mutuwa da yawa a ƙauyukan Zamfara irin su Dareta da 'Yargalma. Dalili shi ne gubar dalma. Duwatsun da ake haƙowa don neman zinariya suna ɗauke da dalma, ana kawo su cikin gida a daka a niƙa, ƙurar ta sauka a tsakar gida inda yaro yake rarrafe yana kai hannu baki. Yara aƙalla 400 suka rasu. Mutum zai iya yi maka gardama idan ka ce ƙurar gidansa guba ce, tunda kakanninsa a cikin ƙura suka rayu. Amma idan ya bi hoton daga bakin rami zuwa injin niƙa, zuwa tsakar gida, zuwa hannun yaro, zuwa gadon asibiti, to, ya haɗa silsilar da kansa.

Na biyu, yana kai kukan talaka inda ƙafarsa ba ta zuwa. Garin Bagega na ƙaramar hukumar Anka ya daɗe yana jiran a kwashe gurɓatacciyar ƙasarsa, likitoci kuwa ba su iya fara yi wa yara magani kafin a kwashe, domin za su koma su sake shaƙa. A 2012 ƙungiyar Human Rights Watch ta fitar da ɗan gajeren fim mai suna A Heavy Price a kan halin da suke ciki, wasu matasan Nijeriya kuma suka matsa da kiraye-kiraye, har gwamnatin tarayya ta saki kuɗin aikin a farkon 2013.

Na uku, yana cire wa majinyaci kunya. A 2007 aka fitar da A Walk to Beautiful, wanda ya bi mata biyar na ƙasar Habasha masu fama da yoyon fitsari har zuwa asibitin da likitoci Reginald da Catherine Hamlin suka buɗe a Addis Ababa a 1974. Doguwar naƙuda ce take jawo wannan lalura: kan jariri ya daɗe yana danne da tsoka har ta mutu, ta bar kafa. Mu ma muna da ita, shi ya sa aka san asibitin Babbar Ruga a Katsina da aikin da Dokta Kees Waaldijk ya shafe shekaru yana yi a can. Matar da aka ware a bayan gida tana zaton ita kaɗai ce a duniya, idan ta ga 'yar'uwarta ta yi magana da bakinta kuma ta warke, ta samu abin da takarda dubu ba za su ba ta ba.

INDA HAƊARIN YAKE

Hausawa sun ce gani ya kori ji, kuma a nan haɗarin yake. Mai kallo yana zaton shi ne ya gani da idonsa, alhali wani ne ya zaɓar masa inda zai duba, ya yanke abin da ya ga dama, ya haɗa abin da ya ga dama. Ana iya haɗa hotuna goma, kowane ɗaya gaskiya ne, a fitar da ƙarya daga cikinsu.

A watan Agusta na 2014, bayan cutar Ebola ta shigo Ikko, saƙo ya zagaya wayoyin mutane cikin dare cewa a sha ruwan gishiri a yi wanka da shi. Mutane suka tashi iyalansu suka aikata, wasu suka kwanta asibiti, har aka samu asarar rai. Wannan rubutu ne da murya kawai. Ina ga an haɗa shi da hoton mutum sanye da farar rigar likita? Yanzu kuwa kowace waya gidan majigi ce, kuma an kai matsayin da kwamfuta take iya ƙirƙiro fuska da muryar mutum yana faɗin abin da bai taɓa faɗa ba.

Saboda haka ya kamata mu yi wa hoto irin binciken da magabata suka koya mana mu yi wa labari, wato a duba waɗanda suka kawo shi, sa'an nan a duba abin da ya ƙunsa. Wa ya ɗauka? A ina, kuma yaushe? Wa ya biya kuɗin? Wannan da aka kira likita, a wane asibiti yake aiki? Akwai abin da ake so a sayar mini a ƙarshe? Hoton da babu amsar waɗannan tambayoyi a tare da shi, hukuncinsa hukuncin labarin wanda ba a san ko wane ne ba: a dakata, kada a tura wa kowa.

NASIHA GA MASU SON SHIGA WANNAN AIKI

Na san akwai matasa a cikinmu da suka iya ɗaukar hoto da haɗa shi, ko da a waya ne. Ga sharuɗɗa shida da nake ganin aikin ba ya inganta sai da su.

Na ɗaya, cuta ɗaya, saƙo ɗaya, aiki ɗaya. Mai kallo ya tashi ya san abin da zai yi gobe da safe. Ɗauki misalin cutar nan mai cin kumatu da leɓɓan yara, wadda likitoci suke kira noma, sunan da ba shi da alaƙa da noman gona. Tana farawa da kumburin dasashi da warin baki ga yaro mai tamowa, galibi ɗan shekara 2 zuwa 6, kuma cikin 'yan kwanaki sai ta huda fuska. Mafi yawan waɗanda ba a yi wa magani ba suna mutuwa, alhali a farkonta maganin kashe ƙwayoyin cuta da tsaftar baki da abinci mai gina jiki suna tsayar da ita. Akwai asibiti na musamman dominta a Sakkwato tun 1999, inda aka ɗauki fim mai suna Restoring Dignity, kuma a Disamba 2023 Hukumar Lafiya ta Duniya ta sa ta cikin jerin cututtukan da aka yi sakaci da su. Fim ɗin da ya tsaya ga nuna fuskar da ta lalace zai sa uwa ta kau da kai. Wanda ya koya mata ta buɗe bakin ɗanta ta duba dasashi, shi ne zai ceci yaro.

Na biyu, kada a fitar da kalma ɗaya a kan magani sai likita masani ya duba ta. Kyakkyawar niyya ba ta gyara kuskuren awo.

Na uku, mutuncin majinyaci. A nemi yardarsa, ko ta waliyyinsa idan yaro ne, bayan an fahimtar da shi cewa hoton da ya shiga waya ba ya komowa. A suturta al'aura. Wanda ya ce a ɓoye fuskarsa a ɓoye. Kada a sa kuɗi ko alkawarin magani su zama tarkon karɓar yardar mabuƙaci.

Na huɗu, a bar mutanen wurin su yi magana da harshensu da karinsu, kuma kada a mai da kowa wawa. Ungozoma da wanzami da mai maganin gargajiya su ne farkon waɗanda ake kira idan ciwo ya tashi. Wanda ya kunyata su a bainar jama'a ya rufe wa kansa ƙofar gari.

Na biyar, a gwada kafin a yaɗa. A tara mutum 10 ko 20, maza dabam mata dabam, a nuna musu, sa'an nan a tambaye su abin da suka gani da abin da za su aikata. Idan kaza suka gani, laifin na mai fim ne, sai ya koma ya gyara. A kuma tuna cewa matan da suke rainon yaran ba kasafai suke fitowa dandali da dare ba, don haka a kai musu cikin gidaje da makarantun matan aure, ta hannun 'yan'uwansu mata.

Na shida, kada a nuna fim a naɗe ƙyalle a tafi. A tsaya da ma'aikacin lafiya ya amsa tambayoyi, ko da masu zafi ne, kuma a tabbata asibitin da ake tura mutane yana da ma'aikaci da magani. Idan ka ce wa uwa ta garzaya da ɗanta, ta yi tafiyar kilomita 15 ta tarar da ƙofa a kulle, to, ka kashe maganarka da ta duk wanda zai zo bayanka.

KAMMALAWA

Ya 'yan'uwa, na'urar da Sellers ya buƙaci mota guda don ɗaukarta, yau tana cikin aljihun ɗalibi. Amai da gudawa suna dawowa duk damina, sanƙarau yana dawowa duk bazara, ƙyanda da tamowa suna nan, mata suna rasuwa wajen haihuwa. Waɗanda suka zo daga nesa sun ɗauki hotonmu shekara kusan 100, wasu da kyakkyawar niyya, wasu da wata manufa. Abin da suka rasa, ku kuna da shi: kun san harshen, an san iyayenku, kuma gobe za a gan ku a kasuwa a tambaye ku abin da kuka faɗa. Wannan amincewa ita ce jarinku, kuma ƙarya ɗaya ta isa ta cinye shi. Shawarata ita ce kowane reshe ya haɗa mai ɗaukar hoto ɗaya da ma'aikacin lafiya ɗaya, su zaɓi cutar da ta fi damun unguwarsu, su yi fim na minti 10 bisa waɗannan sharuɗɗa, su nuna shi kafin damina ta kama.

Allah Ya ba marasa lafiyarmu lafiya, Ya jiƙan waɗanda suka riga mu, Ya sa mu zama amintattu a cikin abin da muke faɗa da abin da muke nunawa.